Labarin Yustinus, Malamin da Ya Yi Muhawara da Bayahude

Duk wanda ya karanta Ayyukan Manzanni sura 15 ya san gardamar da ta tashi a Antakiya, sa'ad da waɗansu suka zo daga Yahudiya suna koyarwa cewa Ba'al'umme ba shi da ceto sai an yi masa kaciya bisa ga al'adar Musa. Manzanni da dattawa suka taru a Urushalima wajen shekara ta 49, suka yanke magana, suka aika da wasiƙa. Da yawa a cikinmu muna tsammani maganar ta mutu tun a ranar. Ba ta mutu ba. Bayan shekara 100 ana nan ana ta tambaya, ko Bayahuden da ya gaskata da Yesu zai ci gaba da zama Bayahude, ko kuwa Ba'al'ummen da ya gaskata yana da rabo cikin Littafin Yahudawa. A wannan wata za mu duba labarin mutumin da ya fi kowa nuna mana yadda maganar take a zamanin nan na bayan manzanni, watau Yustinus, wanda Ekklesiya ta laƙaba wa suna Mai Shahada.

An haifi Yustinus wajen shekara ta 100 a ƙasar Samariya, a wani gari da ake kira Filabiya Niyafolis. Kaisar Besfasiyan ne ya kafa garin a shekara ta 72, shekara 2 bayan da Romawa suka ƙone Haikalin Urushalima. Yana tsakanin Dutsen Gerizim da Dutsen Ebal, kusa da tsohuwar Shekem, ba nisa kuma da rijiyar Yakubu inda Ubangijinmu ya roƙi mace Basamariya ruwa. Shi ne garin da ake kira Nablus yanzu. Sunan ubansa Firiskus, sunan Romawa ke nan, sunan kakansa kuwa Bakkiyus, sunan Helenawa. Da bakinsa ya faɗa ba a yi masa kaciya ba. Helenanci ne harshensa, ba a kuwa ga alamar ya san Ibrananci sosai ba. Ga shi fa haifaffen ƙasar Ibrahim da Yakubu, amma baƙo ne ga alkawarinsu.

Tun yana saurayi ya shiga neman ilimin falsafa, watau neman hikima ta hanyar tunani. Ya yi yawon malamai kamar yadda almajiri yakan tafi gabas neman karatu. Ya fara zama wurin wani malami daga cikin Sitokiyawa, waɗanda Bulus ya gamu da irinsu a Atina. Ya daɗe a can, amma bai ƙaru da kome game da Allah ba, malamin ma ya nuna masa wannan sani ba dole ba ne. Ya koma wurin wani mabiyin Aristo. Bayan 'yan kwanaki wannan ya tayar da maganar kuɗin karatu, Yustinus ya ga mai ciniki ne, ya rabu da shi. Na uku mabiyin Fitagoras ne, sananne ƙwarai. Shi kuwa ya sallame shi don bai karanta ilimin kiɗa da na taurari da na awo ba tukuna. A wurin mabiyan Aflatun ne ransa ya kwanta, gama sun koya masa tunani a kan abubuwan da ido ba ya gani, har ya ɗauka ya yi kusa da ganin Allah.

Yana cikin wannan hali, ran nan ya fita kaɗaici a bakin teku don ya yi tunani, sai ya gamu da wani tsoho. Tsohon ya yi ta yi masa tambayoyi har ya nuna masa cewa ran mutum ba shi da rai na kansa, Allah ne yake ba shi, kuma masu falsafa suna magana a kan wanda ba su taɓa gani ko ji ba. Sa'an nan ya ba shi labarin waɗansu mutane da suka riga dukan masu falsafa, watau annabawan Ibraniyawa, waɗanda suka faɗi abin da suka gani suka kuma ji, abin da suka faɗa kuwa yana cika. Ya gargaɗe shi ya roƙi Allah ganewa, ya tafi, Yustinus bai ƙara ganinsa ba. Waɗansu masana suna ganin ya tsara labarin nan bisa ga salon littattafan zamaninsa. Ko da haka ne, akwai wani dalilin da ya bayar a wani wuri wanda ba shi da ado ko kaɗan. Ya ce tun yana almajirin Aflatun yakan ji ana zargin Kirista da mugayen ayyuka, amma da ya ga yadda suke fuskantar mutuwa ba tsoro, ya gane masu son jin daɗin jiki ba sa mutuwa haka. Ya karɓi bangaskiya wajen shekara ta 130.

A lura da ƙofar da ya shigo ta ciki. Tsohon Alkawari ne ya kawo wannan Ba'al'umme wurin Almasihu. Mu da muke zaune a Wurno da sauran ƙasar Birnin Kudu da Gwaram ba za mu yi mamakin mutum ya zo ta hanyar karatu ba, gama a Ningi, kudu da mu, waɗansu daga cikin Isawa suka fake bayan da aka kashe Malam Ibrahim a Kano a zamanin Sarki Abdullahi, su ma binciken abin da aka rubuta game da Isa ne ya tashe su. Yustinus bai tuɓe mayafin masu falsafa ba bayan baftismarsa. Kamar yadda ake gane malami da rawaninsa, haka ake gane su da wannan mayafi, shi kuwa ya ci gaba da yafa shi har mutuwarsa, domin a ganinsa yanzu ne ya sami falsafa ta gaskiya.

A shekara ta 132 Yahudawa suka tayar wa Kaisar Hadiriyan a ƙarƙashin wani jarumi da aka yi wa kirari da Bar Kokba, watau ɗan tauraro. Wasiƙunsa da aka tono a kogwannin jejin Yahudiya tsakanin 1951 da 1961 sun nuna ainihin sunansa Saminu ɗan Kosiba ne. Yaƙin ya ƙare a 135 da babbar hallaka. Aka gina birnin Romawa a kan kufan Urushalima, aka sa masa suna Iliya Kafitolina, aka hana kowane Bayahude shiga. Wannan doka ta faɗa har a kan Yahudawa masu bin Yesu. Yusibiyus marubucin tarihin Ekklesiya ya lissafta shugabanni 15 na ekklesiyar Urushalima kafin yaƙin, dukansu Ibraniyawa, bayan yaƙin kuwa aka naɗa Markus, Ba'al'umme na fari. Tun ana cikin yaƙin ma sun sha wuya, gama Yustinus ya rubuta cewa Bar Kokba ya hukunta Kiristan da suka ƙi musun Yesu. Sun zama ba su ga tsuntsu ba su ga tarko.

Jim kaɗan bayan wannan, Yustinus yana yawo a wata rumfa, wadda Yusibiyus ya ce a Afisa take, sai wani mutum da abokansa suka gaishe shi saboda mayafin nan. Mutumin ya ce sunansa Tirifo, Ba'ibrane ne, ya gudo daga yaƙin, yana zaune galibi a Koranti. Suka yi kwana 2 suna muhawara. Yustinus ya rubuta ta daga baya, wajen shekara ta 160, cikin littafi mai sura 142, wanda ya fi kowane littafin Kirista da aka rubuta kafinsa tsawo a cikin waɗanda suka iso gare mu. Malaman dā sun zaci Tirifo shi ne Rabbi Tarfon, amma masana na yanzu sun bar wannan zato.

Tirifo ba jahili ba ne, ba kuwa mai zagi ba. Ya ce bai yarda da ƙaryar da ake yi wa Kirista ta cin naman mutane ba. Ya ce ya karanta umarnan da suke cikin Bishara, ya ga suna da girma har yana shakka ko akwai mai iya kiyaye su. Abin da ya dame shi shi ne, mutanen nan suna cewa suna tsoron Allahn Isra'ila, amma zamansu bai bambanta da na al'ummai ba, ba kaciya, ba Asabar, ba idi, sa'an nan sun sa zuciya ga mutumin da aka gicciye, alhali Attaura ta la'anci wanda aka rataye a bisa itace. Mai karatu Bahaushe zai yi mamakin yawan gardama a kan kaciya, da yake a ƙasarmu kusan kowane yaro ana yi masa, Musulmi ko Kirista. A wurin Helenawa da Romawa kuwa abin kunya ne da ba'a, wanda ya yarda aka yi masa ya fita daga cikin danginsa ke nan ya shiga wata al'umma.

Yustinus ya amsa daga Littattafan da Tirifo ya yarda da su. Ya kawo Habila da Anuhu da Nuhu da Lutu da Malkisadik, waɗanda suka gamshi Allah ba tare da kaciya ba. Ya tuna masa an lasafta wa Ibrahim adalci tun bai yi kaciya ba. Ya kawo Irmiya da alkawarin sabon alkawari. A kan gicciye ya bi Zabura 22 aya aya, ya kuma koya cewa annabawa sun yi maganar zuwan Almasihu sau 2, na fari cikin ƙasƙanci, na biyu cikin ɗaukaka. Suka daɗe a kan Ishaya 7:14. Yustinus yana karanta fassarar Helenanci wadda ake kira ta Dattawa 70, inda kalmar take nufin budurwa. Tirifo ya ce kalmar Ibrananci yarinya take nufi, annabcin kuma a kan sarki Hezekiya ne. A nan Yustinus ya zargi malaman Yahudawa da cire waɗansu kalmomi daga Littafi, har ya ba da misali da Zabura 96, inda ya ce an share maganar itace. A wannan bai yi daidai ba. Kalmomin ba su cikin Ibrananci, wani mai kwafa Kirista ne ya ƙara su a littafin da ya zo hannunsa. Duk da haka ba da ka yake magana ba. Wani naɗaɗɗen littafin Ƙananan Annabawa cikin Helenanci da aka samu a jejin Yahudiya wajen 1952 ya nuna fassarar da Yahudawa suka gyara, malamin nan na Faransa Dominik Bartelemi kuwa ya gano cewa ayoyin Mika da Yustinus ya kawo sun dace da ita. Ashe ya nemi littafin abokin muhawararsa ya karanta.

Sura 47 ita ce ta fi shafarmu. Tirifo ya tambaya, in mutum ya gaskata Yesu shi ne Almasihu, yana yi masa biyayya, amma yana so ya ci gaba da kiyaye dokokin Musa, ko zai sami ceto. Yustinus ya ce a ganinsa zai samu, muddin bai tilasta wa 'yan'uwa na al'ummai su yi kaciya su kiyaye Asabar ba, bai kuma ce musu ba su da ceto sai da waɗannan ba. Tirifo mai kaifin hankali ne, nan da nan ya kama kalmar nan ta a ganinsa, ya tambaya ko akwai masu wani gani dabam. Yustinus bai ɓoye ba. Ya ce akwai Kiristan da ba sa yarda su yi zance ko su ci abinci da irin waɗannan mutane, shi kuwa bai yarda da su ba, ya ce a karɓe su kamar dangi na ciki ɗaya. Har Ba'al'ummen da aka rinjaya ya shiga kiyaye Shari'a, in dai bai saki shaidar Almasihu ba, Yustinus bai yanke masa ƙauna ba. Amma masu tilastawa, da masu ƙin cin abinci da al'ummai, bai goyi bayansu ba.

A nan ina ganin ya tsaya inda manzanni suka tsaya. Ku duba benci ɗaya a majami'armu ran Lahadi. Ga wanda ya fito daga gidan Maguzawa, ga wanda ya tashi a gidan malamai, ga Bawarje, ga wanda aiki ya kawo daga Filato. Wani ba zai taɓa naman alade ba har abada, ba ya kuma cin abin da ba a yanka ba. Wani ya ga wannan ƙyama saura ce ta tsohon zama, yana so ya gwada bangaskiyar ɗan'uwansa da ƙwaryar abinci. Wani kuma yana so kowa ya bi ƙyamarsa. A waje ana ce wa Bahaushen da ya bi Yesu ya bar Hausa, a ciki kuma wani lokaci a sa masa ido don ya riƙe gaisuwarsa da rigarsa da kunyarsa. Hukuncin Yustinus ya kama ɓangarorin nan duka, mai riƙe al'adarsa ya riƙe, kada ya mai da ita ƙofar ceto, kada kuma a kore shi daga akushi saboda ita.

Sai dai ba dukan abin da yake cikin littafin nan ne za a yaba ba. Yustinus ya koya cewa an ba Isra'ila Asabar da hadayu saboda taurin zuciyarsu. Ya ce an ba su kaciya ta zama alama don a gane su a hana su shiga Urushalima, ya kuwa faɗi haka ga mutumin da ya tsere daga yaƙin da ya cinye ƙasarsa. Wannan ya saɓa wa Farawa 17 da Romawa 4, inda kaciya take alamar alkawari. Ya kuma ce Ekklesiya ita ce Isra'ila ta gaskiya, ya yi ta nanatawa har kusan bai bar wa zuriyar Yakubu wuri ba. Bulus a Romawa 11 ya kwatanta al'ummai da reshen zaitun na jeji da aka ɗaura a jikin itace, ya hana su yin fariya a kan rassan asali. Abin lura ne cewa a cikin littattafan Yustinus da suka rage bai ambaci sunan Bulus ko sau ɗaya ba. Gaskiya ne a zamaninsa Kirista 'yan kaɗan ne marasa iko, yana kuma kukan ana la'antarsu a majami'un Yahudawa. Amma da Ekklesiya ta sami iko bayan Kaisar Kustantin, irin waɗannan kalmomi suka zama makami a hannun masu tsananta wa Yahudawa. Jems Parkes na Ingila ya bi sawun wannan tarihi a littafinsa na 1934.

Muhawarar ta ƙare ba wanda ya ka da wani. Tirifo bai tuba ba, amma ya ce ya sami abin da ya fi zatonsa, ya so a ce suna iya haɗuwa kullum su bincika Littattafai. Yustinus yana jiran jirgin ruwa. Suka yi wa juna fatan alheri, suka rabu.

Masana sun yi shekaru suna juya wannan littafi don su gane lokacin da hanyar majami'ar Yahudawa da ta Ekklesiya suka rabu. Ferdinan Baur na Tubingen a Jamus ya koya tun 1831 cewa Ekklesiyar fari ƙungiya biyu ce masu gāba, ta Bitrus da ta Bulus. Jems Dunn a 1991 ya ga yaƙin Bar Kokba ne ya kusan yanke igiyar. Daniyel Boyarin, malami Bayahude a Amurka, ya ce a 2004 Yustinus yana cikin masu gina katangar, ba tarar da ita ya yi a gine ba. Akwai abin da yake goyon bayan wannan, gama har a 386 Yohanna Kirisostom yana wa'azi a Antakiya yana tsauta wa 'yan ekklesiyarsa masu zuwa idin Yahudawa.

Yustinus ya zauna a Roma ya buɗe makaranta a benen wani gidan wanka, duk mai so ya zo ya ji. A cikin almajiransa akwai Tatiyan, wanda daga baya ya harhaɗa Bishara 4 cikin labari ɗaya. A Roma ya tarar da haɗari daga ɗaya gefen. Markiyon mutumin Fontus, wanda ekklesiyar Roma ta fitar a 144, yana koyarwa cewa Allahn Yahudawa dabam ne da Uban Yesu. Ya yar da Tsohon Alkawari ɗungum, ya riƙe Luka da ya rage wa tsawo da wasiƙun Bulus 10. Yustinus ya rubuta littafi a kansa, wanda ya ɓace. Mutumin da annabawa suka kawo ga Almasihu ba zai yarda a tsage su daga Littafi ba.

Wajen shekara ta 155 ya rubuta wa Kaisar Antoninus Piyus takardar kāriya, yana roƙo a hukunta Kirista saboda laifi in an same shi, kada a kashe shi saboda suna kaɗai. A ciki ya koya cewa Kalman nan wanda ya zama jiki ya shuka irin gaskiya a cikin dukan 'yan adam, har ya lasafta Sukurat tare da Ibrahim da Iliya cikin waɗanda suka yi zamansu bisa ga Kalman. Ya kuma ce Aflatun ya ari hikimarsa daga Musa, abin da masana ba su karɓa ba. A cikinta ne muke da bayani mafi daɗewa mai cikakken tsari na sujadar Lahadi. Mutanen birni da na ƙauye sukan taru wuri ɗaya, a karanta rubutun manzanni ko na annabawa gwargwadon lokaci, shugaba ya yi gargaɗi, a miƙe tsaye a yi addu'a, a kawo gurasa da ruwan inabi da ruwa, jama'a su amsa da Amin, masu hidima su kai wa waɗanda ba su zo ba. Baikon da aka tara kuwa na marayu ne da gwauraye da marasa lafiya da 'yan kurkuku da baƙi. Sai da ya fassara wa Kaisar kalmar Amin, domin ta Ibrananci ce.

Ya sake rubuta wata gajeriyar takarda bayan da alƙali Urbikus ya kashe wani malami mai suna Talamayus da mutum 2 da suka yi magana dominsa. A ciki ya ce yana sa ran shi ma za a kai ƙararsa, watakila ta hannun Kiriskes, wani mai falsafa da ya kunyata a muhawara.

Wajen shekara ta 165, a zamanin Kaisar Markus Aureliyus, aka kama shi tare da mutum 6, aka kai su gaban Yuniyus Rustikus mai mulkin birnin Roma. Wannan Rustikus Basitoke ne, shi ne ma malamin Kaisar, ɗan makarantar da Yustinus ya fara zama a cikinta. Labarin shari'ar ya iso gare mu. Akwai Karitan, da mace mai suna Karito, da Yuwelfistus bawan gidan Kaisar wanda iyayensa Kirista ne a Kafadokiya, da Hiyeraks mutumin Ikoniya, da Fayon, da Liberiyan. Alƙali ya tambayi Yustinus koyarwar da yake bi da wurin da suke taruwa. Ya ba da shaidar Allah ɗaya Mahalicci da Yesu Almasihu wanda annabawa suka yi shelarsa, ya ambaci masaukinsa kaɗai, bai tona wurin taron kowa ba. Alƙali ya tambaye shi ko yana zato zai hau sama in an fille masa kai, ya amsa cewa a wurinsa wannan tabbaci ne. Aka umarce su su miƙa hadaya ga gumaka, suka ƙi su duka. Aka yi musu bulala, aka fille kawunansu, waɗansu masu bi suka ɗauke gawawwakin a ɓoye suka binne.

Yawancin littattafansa sun ɓace. Muhawarar da takardun kāriya 2 sun tsira ne ta wurin kwafi guda da wani ya rubuta da hannu wajen shekara ta 1364, yana ajiye a babban ɗakin littattafai na Faris, aka kuma buga shi da inji a 1551. Ekklesiyoyi da yawa na gabas da na yamma suna tunawa da shi ran 1 ga Yuni.